Birgadiye Alfari da Ƙarfen Tungar Mai Jirgi

Duk wanda ya yi zirga-zirga tsakanin kasuwar Gaya da gadar Malanbil a shekarun baya ya san Birgadiye Alfari, ko da bai san sunansa ba. Dogo ne, baƙi, mai ɗan ranƙwafawa, kuma usur ɗinsa a ɗaure yake da zaren taru maimakon igiyar da gwamnati ke bayarwa. Zaren nan shi ne kaɗai abin da ya gada daga sana'ar gidansu. Mahaifinsa Siddo masunci ne, kakansa ma haka, amma shi Alfari da zarar jirgi ya bar gaɓa sai cikinsa ya juya. Siddo ya yi ta gwada shi har ya gaji, ya ce ɗan masunci da ruwa ke sa wa amai ba shi da amfani a jirgi, a kai shi lekol, makarantar boko, kawai.

A lekol ma bai yi nisa ba. Ya faɗi jarrabawar birebe ta gama ƙaramar sakandare sau biyu, ya yi 'yan shekaru yana dakon buhunan albasa a tasha, sannan ya shiga aikin ɗan sanda yana da shekara ashirin da huɗu. An kai shi Agadas, an kai shi Difa, ya yi Yamai shekara bakwai, daga ƙarshe aka maido shi gida. Yana jin Dendanci da Zabarmanci da Hausa, yana tsintar Fulatanci, Faransanci kuwa sai in za a rubuta rahoto. Abin da ya fi iyawa shi ne raba faɗa. In direban kamiyo, babbar motar kaya, ya goge ɗan kabu-kabu, kowa ya ɗauko ƙarfe, Alfari ake kira. Sai ya zo ya tsaya tsakaninsu yana tambayar kowanne garinsu da sunan ubansa, kafin a gama lissafin dangi wutar ta mutu. Abokan aikinsa suna yi masa tsiya cewa da surutu ake ba da galon ƙarin girma, da tuni ya zama komiser, shugaban 'yan sanda. Matarsa Balkisu tana sayar da ƙanƙara da ruwan tsamiya a ƙofar gida, 'ya'yansu biyar. Saura shekara ɗaya da rabi ya ajiye aiki lokacin da maganar Tungar Mai Jirgi ta taso.

Tungar Mai Jirgi ƙauye ne a gefen Gaya ta hanyar Tanda, cikin giginyu. Wayar mutanen can ba ta kama rezo, wato sabis, na gida. In ta kama, na Benin ne daga ƙetaren kogi, wanda ke cinye kuɗin mutum tun bai gama sallama ba. Mai son kira sai ya hau tudun da ke bayan gari. Wani kamfanin waya ya yi niyyar kafa antan a can, dogon ƙarfen nan mai kawo rezo. Takardu duk sun cika, meri, ofishin magajin gari, ta sa hannu, mai gonar da ke zaune a Kwatano ya yarda. Amma sau biyu ma'aikata suna zuwa, sau biyu ana koro su. A karo na biyu an fasa musu gilashin mota, an tumɓuke turakun awo an watsa a tafki.

Ranar wata Litinin cikin bazara komiser ya kira Alfari ofis.

"Birgadiye, an ce kai ɗan Tunga ne."

"Uwata ce 'yar can, ranka ya daɗe. Allah ya ji ƙanta."

"Shi ya sa na zaɓe ka. Ka ɗauki mutum biyar da mota. Aikinka ka tsare ma'aikata har ƙarfen nan ya tsaya da ƙafarsa. Ba na son a taɓa kowa, amma kuma ba na son a sake koro su."

Aka haɗa masa da akwatin barkonon tsohuwa, mai kwaɗo da hatimi. Ya sa hannu ya karɓa.

Da ya gaya wa Balkisu, ta ajiye ludayin da ke hannunta.

"Malam, in aka daki ɗan wani a Tunga, da wane ido za mu je gaisuwar mutuwa ko suna? Can fa kawunnanka suke."

"Na sani."

"To ka ce ba ka da lafiya mana."

"In ban je ba wani za a tura, Balkisu. Wanda bai san ɗan kowa ba."

Sai ta goge masa kakinsa har sau biyu.

Washegari da hantsi suka isa, motar 'yan sanda a gaba, kamiyon tsakuwa da siminti a baya. Shugaban ma'aikatan wani injiniya ne daga Yamai, Nazifi, siriri mai gilashi, wanda tun a hanya yake share zufa. Filin yana gabas da gari, a kusurwar wata gona, gindin wasu tsofaffin giginyu uku. Kafin su sauka mutane sun cika wurin. A gaban taron akwai Kawu Idi, ƙanin mahaifiyar Alfari, tsoho mai shekara saba'in da wani abu, riƙe da sandarsa ta gora.

Alfari ya sauko, ya je har gabansa ya durƙusa da kakinsa da komai, ya gaishe shi da Dendanci. Kawu Idi bai miƙo hannu ba.

"Ɗan Aisata, da bindiga ka zo gidan kawunka?"

"Kawu, aiki ne ya kawo ni. Bindigar tana mota."

"To ka ji, ka kai wa waɗanda suka aiko ka. Ƙarfen nan ba ma son sa. An kafa irinsa a wani gari wajen Kamba, giginyunsu suka daina 'ya'ya. Mata suna ɓari. Da damina tsawa yake kira. Mu da giginya muke ci, da muruci matanmu ke sayen gishiri. Wa zai biya mu in sun bushe?"

Nazifi ya matso ya soma bayani, rabi Hausa rabi Faransanci, cewa akwai irin wannan ƙarfe a tsakiyar Gaya kusa da gidan likita, ba wanda ya mutu. Ba wanda ya saurare shi. Alfari ya lura da wani abu: samari da yawa suna tsaye a baya, hannu a aljihu, ba sa ihu. Su suna son rezo, kunyar manya ce ta fito da su. Ran nan an sauke tsakuwa, an ja igiya kewaye da filin, ba a yi haƙa ba. Aka watse da zage-zage, amma ba a yi jifa ba.

Kashegari ne abin ya so ya ɓaci. Da suka iso da masu haƙa, sai suka tarar da tabarma a shimfiɗe cikin igiyar, daidai inda aka sa alamar tsakiya. A kanta Inna Kadi ce zaune, yayar Kawu Idi, wadda ke bin mahaifiyar Alfari. Ta haura tamanin, idonta ɗaya ya yi fari. Ga butarta, ga carbinta. Tsofaffin mata shida sun zauna kewaye da ita, ba mai magana. Maza kuwa sun fi na jiya yawa, wasu da sanduna.

Alasan, ɗaya daga cikin 'yan sandan, mutum mai zafin kai da ya yi aiki a Yamai lokacin zanga-zangar 'yan makaranta, ya ce, "Shef, mu ɗauke su da tabarmar mu ajiye a inuwa. Minti biyu ne."

Bai rufe baki ba dutse ya faɗo kan rufin mota, ƙwal. Na biyu ya samu wani mai haƙa a kafaɗa. Taron ya soma matsowa. Alasan ya ruga bayan mota ya jawo akwatin nan. Alfari ya dubi taron. Ya san fuskokin da ke gabansa ɗaya bayan ɗaya. Ya san wanda ya yi wa rakiyar aure, ya san wanda ubansa ya koya masa hawan giginya.

"Mayar da shi," ya ce wa Alasan.

"Shef, jifa fa suke yi!"

"Na gani. Mayar da shi, ka ba ni mabuɗin."

Ya sa mabuɗin a aljihun gaba. Ya ce wa ma'aikata su koma bayan kamiyo, 'yan sanda su tsaya a jere kada wanda ya ɗaga kulki. Sannan ya tuɓe hularsa, ya tsallaka igiya, ya cire takalma, ya zauna a ƙasa gefen tabarmar Inna Kadi. Ganin ɗan sanda zaune ba takalmi a gaban tsohuwa ya sa hayaniyar ta ragu. Kowa yana son ya ga abin da zai biyo baya.

"Inna, ina kwana?"

Ta juyo da idon da ke gani. "Alfari ne? Ka rame. Balkisu ba ta ba ka abinci?"

"Tana ba ni, Inna."

Ta tambayi yara ɗaya bayan ɗaya, da sunansu, har da wadda ta yi aure a Dosso. Ya amsa duka bai gaggauta ba. Rana ta soma cizo. Sai da ta gama ya ce, "Inna, ke ma tsoron ƙarfen kike yi?"

Ta yi tsaki. "Ƙarfe me zai yi mini? Na ga yunwa, na ga ambaliya. Ni da jikata ke Kwatano, shekara uku ban ji muryarta ba don ba na iya hawa tudu. Su kafa goma ma."

"To me ya zaunar da ke nan cikin rana?"

Ta daɗe tana jan carbi. Ɗaya daga cikin matan ta soma share ido da bakin zane. Can Inna Kadi ta dafa ƙasa da tafin hannunta.

"Ka san a kan wa kake zaune?"

Ya dubi ƙasar da ke ƙarƙashinsa.

"Ƙanwarka Nuriya tana nan, tsakaninka da giginyar can. Nawa uku suna nan inda nake. Na Habiba da ke gefena biyu. Na waccan ɗaya, shi ke nan gare ta, ba ta sake samu ba."

Ta ba shi labarin a hankali, kamar mai tsince tsakuwa cikin shinkafa. Shekarar ƙyanda ce, shi yana da shekara shida, yana Gaya wajen ubansa. Cutar ta shigo Tunga cikin damina, ruwa ya cinye maƙabartar gari. Yara suna mutuwa biyu uku a rana. Sai mai gonar na lokacin ya ce a kawo su nan, wurin yana da tudu. Yara ashirin da bakwai aka sa a kusurwar nan cikin wata biyu. Ba a sa dutse ba, yara ne. Mazan da suka yi haƙan duk sun rasu. Mai gonar bai taɓa sa fartanya a wurin ba har ya mutu, sai ciyawa ta rufe, zance ya rufe.

Alfari ya tuna wata 'yar ƙaramar yarinya mai wuri a gashi, wadda uwarsa ta tafi da ita Tunga ta dawo ba ita. Bai taɓa tambaya ba, ba a kuma taɓa gaya masa ba.

"Inna, me ya sa ba ku faɗa ba tun farko?"

"Mun faɗa. Mun ce ba a nan ba. Uwa za ta tsaya gaban maza tana ƙirga 'ya'yanta da suka mutu? An ce mana mu yi haƙuri, mun yi. Shekara kusan hamsin muna yi. Amma ban iya zama a ɗaki ina jin ana haƙa su."

Ya tashi, ya sa takalmansa, ya nufi Kawu Idi. Ya ja shi gefe.

"Kawu, ka san da wannan?"

Tsohon ya kau da kai. "A shekarar ina Kumasi. Na dawo na ji. Amma kai ɗan gwamnati ne, ka faɗa mini, wa zai tsai da aikin miliyoyi don maganar tsofaffin mata? Ba dutse, ba takarda. Na ga gara a yi maganar ciwo, ita ce kowa ke tsoro." Ya buga sandarsa a ƙasa. "Kuma kada ka ɗauka ƙarya nake. Ciwon ma na yarda da shi."

Da Alfari ya gaya wa Nazifi, injiniyan ya cire gilashinsa ya goge. Ya ce wurin ba shi ya zaɓa ba, daga Yamai aka turo shi da lambobi, ba shi da ikon matsar da shi ko taku ɗaya. Ya ce an riga an yi masa gargaɗi sau biyu, in ya koma karo na uku ba aiki, wani za a ba kwangilar.

"Zo ka gani da idonka," in ji Alfari.

Ya kai shi cikin igiyar. Matan suka nuna masa wuraren, kowace ta san nata ba tare da alama ba. Ɗaya ta ce nan, daga saiwar giginya taku huɗu. Nazifi ya bi su yana kallon ƙasa. Da aka zo kan na ƙarshe ya tambayi shekarar yaron, aka ce bai kai yaye ba. Ya ce shi ma yana da ɗa na goye a gida. Ya ɗaga hannu ya yi fatiha, sannan ya ce, "Birgadiye, ina ake samun rezo a garin nan?"

Suka hau tudun bayan gari su biyu, rabin gari na biye da su daga nesa. Nazifi ya kira Yamai ya yi ta Faransanci yana kai da komo. Alfari ya kira komiser, yana sane da cewa an aike shi tsaro ne, ga shi ya tsai da aiki da kansa. Ya faɗi abin da ya ji bai rage ba. Komiser ya tambaye shi:

"An ji wa wani rauni?"

"Mai haƙa ɗaya, a kafaɗa. Ba karaya."

"Ka kai shi likita. Ka rubuto mini komai yau. Zan yi magana da meri. Ku ci gaba da tsaron kayan, amma kada a sa diga a wurin sai an ji daga sama."

Kwana huɗu aka yi ana jira. Kullum su zo da safe su zauna gadin tsakuwa da siminti, Inna Kadi da matanta su zo su zauna gadin ƙasa, igiya ɗaya tsakaninsu. Ranar farko ko ruwa ba a ba 'yan sanda ba. Rana ta biyu wata mata ta ajiye ƙwaryar fura a gindin mota ta wuce. Alasan ne ya fara sha. A kwanakin nan Alfari bai iya cin abincin kirki ba. Yana ta tunanin in Yamai ta ce a'a fa? Shi ne za a ce ya ɗaga Inna Kadi daga tabarmarta. Ya riga ya yanke a ransa cewa ba zai yi ba, ya kuma san abin da hakan ke nufi ga mutumin da saura kaɗan ya ajiye aiki da mutuncinsa. Bai gaya wa ko Balkisu ba.

An samu mai gonar a waya ranar Alhamis. Da aka gaya masa, mutumin ya yi salati ya fashe da kuka. Ya ce ubansa kan ce musu kada su noma kusurwar nan, wurin yara ne. Shi duk rayuwarsa ya ɗauka wurin wasan yara ake nufi. Ya ce a ɗauki duk inda ake so a gonar, ban da nan.

Ranar Asabar da hantsi Nazifi ya sauko daga tudu da gudu, har takalminsa ɗaya ya fita. Yamai ta yarda. Za a matsa mita sittin arewa, can ƙarshen gonar inda ƙasa ke da marmara. Alfari ya fassara wa matan. Inna Kadi ba ta yi guɗa ba, ba ta yi godiya ba. Ta miƙa masa hannu ya tashe ta, ta ce, "Ɗauko mini butata. Bayana ya ƙage." Ya ɗauko mata butar.

Ba a nan rigimar ta ƙare duka ba. Kawu Idi da mutum kamar goma ba su sauka daga maganarsu ba. Kullum da safe sai su zo su zauna nesa da sabon filin suna kallo, suna faɗin abin da zai sami giginyu. Wata rana aka wayi gari an zuba yashi a tankin injin kwaɓa siminti, aiki ya tsaya kwana biyu. Alfari ya san wanda ya yi, ya je gidansu ya zauna da ubansa, abin bai sake faruwa ba. Don haka tsaron bai tashi ba sai da ƙarfen ya tsaya, kwana ashirin da shida. Amma yawancin gari sun janye. Samarin da ke tsaye a baya ranar farko su ne suka shiga aikin leburanci. Da aka gama, Nazifi ya bar musu ragowar bulo da siminti buhu huɗu, suka zagaye kusurwar yaran da ɗan gajeren gini, iya gwiwa. Liman ya zo aka yi addu'a ranar Juma'a bayan an sauko. Alfari ya tsaya a sahun baya da farar riga, ba kaki.

Ya mayar da akwatin barkonon tsohuwar ofishin komiser da hatiminsa yadda aka ba shi. Ran nan ya koma gida da azahar, ya ci tuwon shinkafa da miyar kifi kwano biyu, ya kwanta a zaure. Balkisu ta ce sai da ta tashe shi sau uku kafin ya yi la'asar.

Kawu Idi har yanzu ba ya bi ta gindin ƙarfen, zagaye yake yi ta bayan tafki ko da zai je masallaci. Duk shekarar da giginya ta rage 'ya'ya sai ya aiko a gaya wa ɗan Aisata. Shekarar da ta yi da yawa ba ya aiko kowa.

Alfari ya ajiye aiki a lokacinsa, da galonsa na birgadiye. Ya karɓi wani ɗan fili a fadama ya shuka shinkafa. Shekarar farko kogi ya cika ya shafe ta, bai girbe ko tiya, kwanon awo ɗaya, ba. Ta biyu ya samu buhu tara. Yanzu ya ƙara da kiwon agwagi, kuma direbobin kamiyo suna biyo shi har gona in faɗa ya fi ƙarfin sababbin 'yan sandan gada. Yakan ce musu ya ajiye aiki, sannan ya wanke ƙafa ya hau bayan babur.